Faifan Da Ya Riga Landan Isowa

Shafi na 14

Salamu alaikum, mutanen gidan nan. Na ga saƙonninku, har da na masu cewa ba ni da tausayi, na bar Rakiya tana ta jiran miji. Ku gyara zama, yau Yaya Salisu ne a gaba. Wanda ya shigo yanzu ma ya zauna, ba a bar shi a baya ba.

*

Ranar Lahadi da la'asar Rakiya ta miƙa wa yayanta Salisu tsarabarsa, baki har kunne.

"Ga naka, Yaya. Da hannunsa ya rubuta sunanka a jiki."

Kwalin yana tsakar ɗaki a buɗe. Lami, 'yarta mai shekara huɗu, ta shige ciki rabi tana laluben alewa, kamar ba a kamfanin alewa uwarta take aiki ba.

Shekara biyu ke nan da Lawan, mijin Rakiya kuma aminin Salisu tun firamare, ya tafi Ingila neman arziki. Tun wata tara da suka wuce, duk bayan wata uku sai yayan Lawan, Malam Uba, ya ɗauro kwali irin wannan a bayan babur har gidan Rakiya a Zawaciki, ya ce wani ɗan kasuwa ne ya taho da shi daga Landan. Rigar sanyi, turare, takalmin yara, jakar hannu. Wannan ne karo na farko da aka sako wani abu da sunan Salisu.

Ya warware takardar. Faifan gem ne, sabon wasan ƙwallo na bana.

Dariya ya fara yi, don Lawan ya san lagonsa. Sai ya juya bayan marfin, dariyar ta ɗauke. Rubutun daga sama har ƙasa Japananci ne.

"Daga Landan aka ce ya zo?"

"To daga ina kuma? Ko bai yi maka ba ne?"

"Ya yi. Ya yi sosai."

Bari in tsaya in faɗa muku abin da Salisu ya sani, wanda Rakiya ba ta sani ba. Da rana shi mai gyaran wuta ne a wani kamfanin robobi a Bompai. Da yamma kuma yana da ɗan shagon gem a Dorayi, talabijin biyu, na'urar PS2 biyu, benci uku. A wannan shekara ta 2006, duk unguwar babu wanda ya kai shi sanin kan abin nan, don kuwa kuɗin cin abincinsa na rana a kafen intanet yake ƙarewa wajen karanta labaran gem.

Wasan ƙwallon nan ba rana ɗaya yake fita a duniya ba. Japan ce ke fara samu, tun da bazara. Na Turai sai wajen Oktoba, bayan an mayar da rubutun Turanci an daidaita shi da irin talabijin ɗinsu. Amurka kuwa sai shekara ta juya. Na kwamfuta ma da ranarsa daban. Kuma faifan wani yanki ba ya hawa na'urar wani yanki, sai an farke cikinta an dasa mata wani ɗan ƙarfe da ake kira cif, aikin da Salisu yake yi ido rufe. To shi na Japan ɗin, ko sati biyu ba ya yi masu kwafi sun buga shi, ya biyo ta Dubai, ya sauka a Sabon Gari. Sai samarin Dorayi su yi wata biyar suna cin juna da shi, sun haddace inda ake latsawa ba tare da sun iya karanta ko harafi ɗaya ba, kafin Bature a Landan ya sa shi a ido.

Yanzu kuwa watan Yuni ake ciki.

"Yaya, ina magana ka tafi wata duniyar."

"Ina jin ki."

"Na ce gobe zan miƙa takardar."

"Wace takarda?"

"Ta ajiye aiki mana." Ta buɗe jakarta ta nuna masa farar ambulan, ta mayar. "Ka san sun ce za su ba ni muƙamin sufabaiza, amma sai na sa hannu zan yi musu shekara biyu cur. Baban Lami kuma da ya bugo wancan satin ya ce takardunmu sun kusa, kafin azumi in sha Allah. Ka ga ba zan sa hannu a abin da ba zan cika ba. Gara in fita da mutuncina, in zauna in yi shiri."

"Kin gaya masa za ki ajiye?"

"Na gaya masa."

"Me ya ce?"

"Shiru ya yi, sai layin ya katse. Ka san wayar ƙasar waje."

Salisu ya dube ta. Shekara tara tana kamfanin nan na Sharaɗa, tun tana naɗe alewa da yatsu har ta kai ga riƙe layi guda. Da aikin take ciyar da kanta da Lami. Ga masaƙun garin suna ta rufewa ɗaya bayan ɗaya, kullum da safe bakin get ɗin kamfanin alewar cike yake da mata masu neman ko da na shara ne. Idan ta fita da sha biyu, kafin la'asar an ɗora wata a kujerarta.

"Ƙarfe nawa za ki miƙa?"

"Manaja sha biyu yake shigowa ran Litinin."

"Kada ki miƙa sai na kira ki."

"Saboda me?"

"Ni dai na ce sai na kira ki."

Ta turo baki, irin na ƙanwar da ta saba a yi mata iko tun tana ƙarama. "To. Amma idan sha biyu ta yi ban ji ka ba, ni dai ba ruwana."

*

Bayan magariba ya buɗe shago, ya sallami samarin da suka taru ya ce yau babu wasa. Ya jawo durowa ya fito da nasa faifan, wanda ya saya a Sabon Gari wata ɗaya da rabi da suka wuce, ya ajiye shi kusa da na tsaraba.

Iri ɗaya ne sak. Har jan tawadar da ya ɗan zube a gefen hoton ɗan wasan, yana nan a duka biyun. Inji ɗaya ne ya buga su.

Da wani ne ya aiko da shi, da Salisu ya yi dariya ya ce an yi wa mutum sakiyar da ba ruwa. Amma Lawan? Lawan da suke hawa babur ɗaya duk bazara su je Sabon Gari su tsaya a kan mai kaya har ya buɗe sabon kwali? Lawan da kan ɗaga faifan sama a tsakiyar kasuwa ya ce, "Bana ma mun riga Bature"? Ko a mafarki Lawan ba zai sayi na Japan ya ce daga Landan yake ba.

Ke nan ba Lawan ne ya saya ba. Wani ne da bai san komai a kan gem ba, ya shiga kasuwa ya ce a ba shi sabo, yana zaton duk wani sabon abu daga Turai yake fara fitowa.

Idan kuwa wani ne yake sayen tsarabar, ina shi Lawan ɗin?

Salisu ya ajiye faifan. Ya tuna kullum da ɓoyayyiyar lamba ake kiran Rakiya, minti biyu ko uku, murya can ƙasa-ƙasa. Ya tuna shi kansa rabonsa da jin muryar abokinsa an fi shekara, kuma ya bar abin a kan cewa wanda ya je Turai sai a hankali. Tsoro ya kama shi, tsoron da bai iya faɗa wa kowa ba, ya kulle shagon ya tafi gida ko abinci bai nema ba.

*

Da safe bai je Bompai ba. Ya aika a ce ba shi da lafiya, ya karya kan babur ya nufi Challawa.

Wanda bai taɓa shiga layin kamfanonin fata ba, ba zai gane ba. Tun daga kwana warin yake tarbar mutum, ya shiga riga, ya shiga gashi, ya bi shi har gida. An yi ruwa da asuba, hanyar ta caɓe, manyan motoci sun tone ta. Sai wajen goma da rabi Salisu ya iso kamfanin da Malam Uba yake foman, wato shugaban leburori, ya kuma ɓata wani lokacin a bakin get kafin maigadi ya yarda ya shiga.

Ya same shi a wata rumfa kusa da inda ake sauke fatu, dattijo mai furfura a gemu, biro a maƙale a kunne.

"Salamu alaikum. Malam Uba, barkanku da aiki."

"A'a, Salisu? Kai ne a Challawa da Litinin? Lafiya dai ko? Lami ce?"

"Lami lafiyarta ƙalau."

"Rakiya fa? Ta ga kayan?"

"Ta gani. Ni ma na ga nawa."

Ya zaro faifan biyu daga aljihu ya jera su a kan bencin.

"Wannan a Sabon Gari na saya. Wannan kuma jiya aka ce min daga Landan."

Malam Uba ya leƙa ya yi murmushi. "To ai abin arziki ne, ka samu biyu."

"Malam Uba, wasan nan bai fita a Landan ba."

"Kamar yaya bai fita ba? Ba can ake yin su ba?"

"A Japan ake yi. Na Landan sai Oktoba."

"Kai Salisu, ka ji ka da wata magana. Akwai abin da zai zo Kano bai je Landan ba?"

"Akwai. Ga shi a gabanku."

Dattijon ya cire biron daga kunne, ya mayar, ya sake cirewa. "To wataƙila a Dubai ɗan kasuwar ya tsaya ya ƙaro..."

"Da rubutun hannun Lawan a jikin takardar?"

Dattijon ya mayar da biron kunne.

"Ban zo in yi muku rashin kunya ba," in ji Salisu. "Kun girme ni, kuma ban taɓa ganin abin ƙi a wajenku ba. Tambaya ɗaya na zo yi, don Allah ku faɗa min gaskiya ko ɗaci gare ta. Lawan yana raye?"

"Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un! Wace irin magana ce wannan?"

"Yana raye?"

"Yana raye mana! Wallahi yana raye."

Salisu ya zauna a kan bencin. Ya rufe fuska da tafin hannu ya yi hamdala. Amma daɗin bai daɗe ba, haushi ya biyo bayansa.

"To wa yake sayen kayan?"

Malam Uba ya zauna shi ma, ya sauke ajiyar zuciya irin ta wanda ya gaji da ɗaukar kaya.

"Ni ne. Turaren a Sabon Gari. Rigunan sanyin a Ƙofar Wambai, cikin gwanjo nake zaɓo masu kyau in kai a wanke a goge. Su dai wallahi daga Ingilan suke, ban yi ƙarya a kansu ba."

"Kuna ganin wannan abin dariya ne?"

"Ba dariya nake ba, ƙanena. Wata tara ina kwana da abin nan ina tashi da shi. Duk ranar da na kai kwali yarinyar nan ta durƙusa ta yi min godiya, ji nake kamar ƙasa ta tsage in shige."

"Yau sha biyu za ta ajiye aikinta."

Dattijon ya ɗago da sauri. "Za ta me?"

"Za ta ajiye aiki. Tana shirin tafiya Landan kafin azumi. Ku kuka jawo, da kwalayenku da faifanku."

"Tsaya." Malam Uba ya ɗaga hannu. "Kwali nawa ne, na yarda. Amma wannan abin ban san shi ba. Ni ina na san gem? Shekaranjiya ina ɗaure kwalin ya zo da shi a naɗe, ya ce in saka, kada in buɗe, a hannun Salisu kaɗai za a ba."

"Wa ya zo da shi?"

Malam Uba ya ɗaga haɓa ya nuna wani dogon zaure a can ƙarshen fili, inda ƙarar injuna take fitowa.

*

A zauren manyan ganguna na katako suke juyawa a hankali, cike da fatu da ruwan magani. Ƙasa duk santsi. Mutum biyar ne a ciki, kowa da takalmin roba har gwiwa da safar hannu har gwiwar hannu, sun ɗaure hanci da ƙyalle. Yawancinsu mutanen Nijar ne da na ƙauyukan Jigawa, waɗanda ba su san kowa a cikin gari ba. Wanda yake son ya ɓuya a Kano, ba zai sami wurin da ya fi nan ba.

Salisu bai buƙaci ganin fuska ba. Tafiyar kawai ya gani, ta mutumin da yake jan ƙafar hagu kaɗan tun da ya karye a filin ƙwallon makarantarsu.

Shi ma mutumin ya gan shi. Ya ajiye fatar da ke hannunsa, ya tako har bakin ƙofa, ya sauke ƙyallen da kafaɗa.

Ya rame. Wuyansa ya yi tsawo, idanunsa sun faɗa.

Suka tsaya suna kallon juna.

Lawan ne ya fara. "Minti nawa ya ɗauke ka?"

"Ina juya bayansa na gane."

"Na sani." Ya yi wani guntun murmushi. "Na ce in dai Salisu na nan yadda na bar shi, ba zai kwana biyu ba."

"Da gangan ka yi."

"Da gangan."

"Tun jiya nake zaton ka mutu, Lawan. Na kwana ina tunanin yadda zan gaya wa Rakiya ta shiga takaba."

Lawan ya sunkuyar da kai. "Ka yafe min. Ban yi tunanin nan za ka fara kai shi ba."

"Landan ɗin ke nan?"

"Ban taɓa ganin Landan ba." Ya jingina da bango. "A Libiya na tsaya. Wanda ya yi mana alkawarin tsallakawa ya ajiye mu a wani gida a bakin teku, ya ce sati biyu. Ranar farko da na samu waya na kira Rakiya, tana ɗauka ta ce, 'Ka isa?' Yadda ta faɗe shi, Salisu, da murnar da ke cikin muryarta... sai na ji bakina ya ce na isa. Na ɗauka sati biyu ne kawai, ƙaryar za ta zama gaskiya."

"Sai me?"

"Sai shekara. Na yi leburanci, na yi wankin mota. Ranar da muka hau jirgin ruwan ma ba mu yi nisa ba aka kamo mu. Wata huɗu a tsare, sannan aka zubo mu a jirgi aka dawo da mu. Da riga ɗaya na sauka."

"Ka zo gida mana! Wa zai kore ka?"

"Na zo. Har bakin layinmu na zo, da yamma. Na hango Lami a ƙofar gida, tana gaya wa yara babanta yana Ingila. Na tuna gonar gadonmu da aka sayar don tafiyar nan, har da rabon Yaya Uba a ciki. Na tuna walimar da aka yi min. Sai ƙafata ta ƙi. Na juya na tafi wajen Yaya, na ce ya ba ni sati ɗaya in dawo hayyacina."

"Wata tara."

"Wata tara. Kullum sai in ce gobe."

Ganga ta juyo, fatun ciki suka faɗi tim, ta sake juyawa. Salisu ya dubi abokinsa, yana so ya shaƙe shi, yana kuma so ya rungume shi.

"Daga nan zuwa Zawaciki ko acaba ba zai yi minti ashirin ba," ya ce. "Tana can tana ƙirga watanni, tana koyon Turanci a rediyo. Ka san ta sayi ƙamus?"

Lawan ya runtse ido.

"Me ya sa ka ce mata kafin azumi?"

"Ta matsa da tambaya. Na faɗi abin da zai sa ta yi dariya. Ban san za ta ɗauke shi ta kai ofis ba. Da ta ce za ta ajiye aiki, wallahi na buɗe baki zan faɗa mata komai, sai na ji na kashe wayar. Na yi kwana uku ban runtsa ba. Shi ne na hau mota na je Sabon Gari, na rufe fuska, na sayo faifan."

"Don in zo in yi maka aikin da ka kasa."

"Don ka hana ta. Kai take jin maganarka. Ka ce mata ka ji a rediyo an tsaurara biza, ko ka ce ta bari sai bayan Sallah. Ta karɓi sufabaizan. Ni kuma ka ba ni wata uku, in ɗan tara abin da zan shiga gida da shi, sai in ce an ba ni hutu na dawo..."

"Wata ƙaryar kuma."

"Ta ƙarshe."

"Ta Libiya ma ta sati biyu ce."

Lawan ya juya ya kalli gangunan.

"Ka saurare ni," in ji Salisu. "Da so kake a ci gaba da rufe ta, da ba ka aiko min faifan nan ba. Da saƙo za ka ba Malam Uba ya ce mata kada ta ajiye aiki, shi ke nan. Ka zaɓi abin da ka san ni kaɗai zan gane, ka rubuta sunana a kai. Ba hana ta kake so in yi ba. So kake a zo a same ka."

Hawaye ya gangaro wa Lawan. Ya ɗaga hannu zai share, ya tuna safar da ke jiƙe da ruwan magani, ya sauke. Haka ya bar shi yana zuba.

"Ba zan iya kallon idonta ba, Salisu."

"Ita kuma shekara biyu idonka take jira."

"Idan ta ce ba ta yi da ni fa?"

"Sai ta ce. Haƙƙinta ne. Ƙanwata ce, na san ta, za ta yi fushi har sai ka raina kanka. Abin da zai biyo bayan fushin ban sani ba, kuma ba zan yi maka alkawari ba. Amma ni ba zan kalle ta in ƙara mata ko kalma ɗaya ta ƙarya ba."

A daidai nan wayar da ke aljihunsa ta ɗau ƙara.

Ya zaro. Sunan Rakiya ne a kai. Ya dubi agogon wayar, sha biyu saura minti huɗu. Sam ya manta da lokaci.

Lawan ya ga sunan shi ma. Ya ja da baya har ya bugi bango, yana girgiza kai.

Salisu ya ja shi suka fito waje inda ƙarar injin ta ragu, sannan ya latsa.

"Yaya!" Muryarta ta fito a sama, da alamar tana tsaye a baranda. "Tun ɗazu nake jiran ka. Manaja ya shigo da wuri, sakatariya ta ce ni ce ta gaba. Ga takardar a hannuna. In miƙa ko kada in miƙa? Ka dai ce wani abu."

Kalma uku kawai zai faɗa: kada ki miƙa. Ya san za ta yi mita, amma za ta bi. Aikin zai tsira, Lawan zai samu wata ukunsa, kowa ya koma inda yake. Salisu ya buɗe baki, ya dubi abokinsa, ya rufe.

"Riƙe," ya ce. "Ga wanda zai faɗa miki."

"Wa? Yaya, ba ni da lokaci fa!"

Hannuwan Lawan suna cikin safa jiƙe da ruwan magani, don haka Salisu ne ya kara masa wayar a kunne da kansa, ya riƙe ta gam. Lawan ya kau da kai, Salisu ya bi shi da ita. Daga can rumfa Malam Uba ya miƙe tsaye yana kallon su, ya ɗora hannu biyu a ka.

"Halo? Yaya? An kira sunana fa. Halo?"

Leɓen Lawan ya motsa sau biyu babu sauti. A na uku muryar ta fito, a dishe.

"Rakiya. Kada ki miƙa."

Salisu yana jin ƙarar injin naɗe alewa daga can Sharaɗa, da muryar wata mata tana cewa Malama Rakiya ki shigo.

"Baban Lami?"

"Na'am."

Ta yi 'yar dariya, irin wadda take yi duk lokacin da ya bugo. Sai dariyar ta yanke a tsakiya.

"Tsaya," ta ce a hankali. "Ai... ai lambar Yaya Salisu na kira."